Diyya kafin katafila: Ɗaukaka ƙara bayan an zuba kwalta ihu ne bayan hari

Wani ɗan kawuna yana sayar da agogo da tabarau a kasuwar Ajame ta birnin Abijan. Shekarunsa goma sha ɗaya yana wannan bida, kamar dubban samarin Ader da ke fita da zarar an ɗaure damman gero, su dawo da saukar ruwan shuka in Allah Ya hore kuɗin mota. Wata rana ƙanensa ya tura masa saƙon murya ta WhatsApp daga ƙauyensu a arewacin Ader: "Yaya, wasu mutane sun zo da mota, sun kafa turaku masu jan fenti cikin gonar Baba. Sun ce hanya ce za ta bi." Ya amsa masa cewa a yi haƙuri, zai zo bayan Sallah.

Da ya iso, katafila ta riga ta wuce. Gawo uku da suka girme shi sun zama itacen girki, jerin duwatsun da mahaifinsu ya yi shekaru yana ɗorawa don tare ruwa sun koma cikon hanya, gonar kuma ta rabu biyu. Da ya tambayi batun diyya aka nuna masa takarda, sai ya ga sunan wani baffansu a kai, domin shi masu ƙidaya suka tarar ranar da suka zo. Daga nan aka fara sintiri, fadar sarki, kotu, sannan ɗaukaka ƙara. Yau motoci suna gudu a tsakiyar gonar, shi kuwa ko dala bai karɓa ba. Jarin agogon ma ya tafi a kuɗin mota da na takardu.

Na kawo labarinsa ne domin duk wanda ya zauna a majalisun shayi na Tahoua, Keita, Tamaske ko Tabalak ya ji irinsa. Abin da nake son in kare a wannan rubutu guda ɗaya ne. Haƙƙin ɗaukaka ƙara yana da amfani ne muddin mai fili yana da abin da zai kare. Idan an riga an tuge itatuwa, an rushe katanga, an zuba kwalta, abin da ya rage wa alƙali shi ne cinikin kuɗi a kan abin da ba zai iya gani da idonsa ba. Don haka wurin da ya kamata a yi gyara yana can baya, kafin katafila ta tayar da inji, kuma dokar Nijar da kanta haka ta ce.

Kada wani ya ɗauka ina adawa da hanya. Ɗan Ader ba ya bukatar a yi masa lacca kan amfanin kwalta. Mun san abin da ake ji idan mace mai naƙuda tana cikin amalanke, ƙorama ta cika, asibitin Tahoua na nesa. Mun san yadda buhun albasa ke ruɓewa a fadama saboda babbar mota ta ƙi shigowa. Hanyar Tahoua zuwa Agadas da Arlit, wadda aka gina a ƙarshen shekarun 1970 don jigilar yuraniyom, tsawonta ya haura kilomita 600, kuma direbobi sun daɗe suna kuka da ita. Har a yarjejeniyar da gwamnati ta sa wa hannu da kamfanin Areva a watan Mayun 2014 sai da aka saka yuro miliyan 90 don gyaranta. Lokacin bikin Tahoua Sakola na 18 ga Disamban 2017, birnin ya samu tituna da fitilu da suka sauya masa fuska. Hanyar Illela zuwa Bagaruwa, da wadda ta bi Kao zuwa Cintabaraden, sun rage wa mutane wahalar da kakanninsu suka sha. Muna son ƙari. Amma hanyar da dukan jama'a za su hau, jama'a duka ya kamata su biya kuɗinta ta baitulmali, bai kamata a ɗora wa tsoho guda nauyinta don kawai gonarsa ce ta faɗo kan layin injiniya ba.

Bari mu duba abin da ke rubuce, domin yawancinmu ba mu sani ba, rashin sani kuwa ya fi dare duhu. Dokar da ke tsara karɓar fili don amfanin jama'a a Nijar ita ce mai lamba 61-37 ta 24 ga Nuwamban 1961. An yi mata gyara da doka mai lamba 2008-37 ta 10 ga Yulin 2008, sannan ƙuduri mai lamba 2009-224 na 12 ga Agustan 2009 ya fayyace yadda za a yi da mutanen da aiki ya tayar. Kundin tsarin mulki na 2010, a aya ta 28, ya tanadi cewa ba a raba mutum da dukiyarsa sai don amfanin jama'a, kuma sai an biya shi diyya ta adalci tun kafin a karɓa. An dakatar da kundin bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023, amma dokokin da ba a soke ba suna nan suna aiki, ta 1961 kuwa tana cikinsu.

Matakan a jere suke. Gwamnati za ta fitar da ƙuduri ta ce wannan aiki na amfanin jama'a ne. A buɗe bincike na wani wa'adi, a naɗa mai bincike da zai karɓi bayanan mutane da ƙorafinsu. A fitar da takardar da ta lissafa filayen da za a karɓa da sunayen masu su. A zauna da mai fili gaban kwamiti a nemi daidaitawa kan farashi. Idan an kasa, magana ta je gaban alƙali, shi ne zai yanke adadin diyyar, yana iya neman ƙwararru su ƙiyasta. Gyaran 2008 ya ƙara da cewa a tuntuɓi mutanen da abin ya shafa a kowane mataki, a biya su abin da zai isa su maye gurbin abin da suka rasa ba tare da an rage don tsufa ba, kuma a biya kafin a karɓi filin. Diyyar tana iya zama kuɗi, tana iya zama wani fili. Duk wanda ya karanta wannan zai ce Nijar ba ta da matsalar doka, kuma gaskiya ya faɗa.

Idan ma aka kwatanta da maƙwabta, namu tanadin ya fi sauƙi ga talaka. A Najeriya, dokar amfani da ƙasa ta 1978 ta damƙa filayen kowace jiha a hannun gwamna, kuma idan ya karɓi fili don aikin jama'a diyyar ta fi karkata ga abin da aka gina ko aka shuka, ban da darajar ƙasar kanta a kasuwa. Mutanen Illelar Najeriya, da ke kallon Birnin Ƙonni ta tsallaken iyaka, da wannan doka za su yi hulɗa a aikin babbar hanyar Sakkwato zuwa Badagry mai tsawon sama da kilomita 1,000, wadda aka ƙaddamar a can cikin Oktoban 2024. Mu kuwa tun 2 ga Maris na 1993, dokar karkara mai lamba 93-015 ta ce haƙƙin da mutum ya samu ta al'ada da wanda ya samu ta takarda kariyarsu ɗaya ce. Gonar gado gona ce a idon doka ko da babu hatimi a kanta.

To ina gizo ke saƙa? A jerin matakan. Sau da yawa a aikace ana farawa ne daga ƙarshe. Ɗan kwangila yana da wa'adi, shugabanni suna da ranar yanke ƙyalle, kuɗin aikin sun fito amma na diyya suna jiran sa hannu a Yamai. Sai a ce wa mutane su yi haƙuri, aiki ya fara, za a biya daga baya. Talakan ƙauye ba ya iya tsayawa gaban katafila, kuma ba ya so a ce shi ne ya hana garinsu ci gaba. Da zarar ya matsa gefe, ƙarfin cinikinsa ya ƙare. Jiya shi mai gona ne da ake lallashi, yau ya zama mai bin bashi da ake ce wa ya dawo mako mai zuwa.

A nan ne mutum zai ji an ce masa ai kotu na nan. Tana nan kam, amma a duba abin da ƙofofinta ke bayarwa. Wanda ya ƙalubalanci ƙudurin gwamnati gaban alƙalin harkokin mulki, ƙararsa ba ta tsayar da aiki da kanta, sai in ya nemi a dakatar kuma alƙali ya yarda. Hukuncin da ya karɓe filin kuwa, ƙofar ƙalubalantar sa ƙarama ce. Ana zuwa kotun ƙoli ne, a kan ko alƙali ya wuce huruminsa ko an tsallake wata ƙa'ida, kuma da kwanaki ake lissafa wa'adin. Bayan haka akwai tsohuwar al'adar shari'a da muka gada daga Faransa, wadda ke sa alƙalai su guji ba da umarnin rushe aikin jama'a ko da an kafa shi a inda bai dace ba. Babu alƙalin da zai ce a tone kilomita guda na kwalta a mayar wa mutum gonarsa, ni ma ba zan nemi haka ba. Ke nan magana ta koma kan kuɗi, kuma ko an ci nasara ba a kama dukiyar gwamnati a sayar kamar yadda ake yi wa ɗan kasuwa. Sai a riƙe takardar hukunci a ci gaba da jira.

Sannan da wace hujja za a yi cinikin? Wannan ne ya fi damuna game da Ader musamman. Ƙasarmu ta duwatsu ce da fako, kuma gonaki da yawa da hannu aka ƙirƙire su. Tun daga 1984, aikin raya karkara na Keita da Italiya ta ɗauki nauyinsa ya sa dubban mutane, akasarinsu mata, jera duwatsu da dasa itatuwa a kan tuddan da suka mutu. A wajajen Illela da Badagishiri manoma sun farfaɗo da fako ta hanyar tassa da rabin wata, rami bayan rami, taki bayan taki. Wanda ya zo da ma'auni ya ce eka kaza ce, kuɗinta kaza, bai ga shekaru ashirin na gumi da ke kwance a ciki ba. Gawo guda yana ba gona taki, yana ba dabba abinci a tsakiyar rani. Idan an tuge shi kafin a rubuta, wa zai shaida wa alƙalin ɗaukaka ƙara a shekara ta uku cewa gawo uku ne ba ɗaya ba, ko rijiyar ta kankare ce ba ta gargajiya ba? Shaidar tana ƙarƙashin kwalta.

Akwai kuma abin da mutane ke haɗawa alhali daban yake. Rigima da gwamnati kan adadin diyya abu ɗaya ne, rigima da ɗan'uwa kan wane ne mai filin wani abu ne. Ta biyun ce ta cinye ɗan kawuna. Gonar da aka yi shekara arba'in ba wanda ya tambayi iyakarta, ranar da aka ji kalmar diyya sai magada su fito ta ko'ina. Wanda aka ba aro ya ce kyauta ce, wanda ya karɓi jingina ya ce saye ne, mata kuwa a manta da rabonsu sai in sun tayar da murya. Doka ta ce rigimar filin karkara ta fara zuwa gaban sarakunan gargajiya don sulhu, su rubuta takardar an daidaita ko ba a daidaita ba, kafin a je kotu, inda alƙali ke zama da mashawarta masana al'ada. Daga nan ana iya hawa mataki bayan mataki har Yamai. Duk tsawon wannan lokaci ba wanda zai taɓa kuɗin, ita kuwa hanya ba ta jiran kowa. Hukuma ma tana samun hujjar cewa ba ta san wa za ta biya ba.

An samu sauƙi ta wani ɓangare, ya kamata a faɗa. A da kotunan ɗaukaka ƙara biyu ne kacal a ƙasar, Yamai da Damagaram, yanzu Tahoua na da tata. Amma matakin ƙarshe har yanzu yana Yamai, kusan kilomita 550 daga Tahoua, a kotun ƙolin da aka kafa bayan juyin mulkin 2023 mai suna Cour d'État. Galibin lauyoyin ƙasar ma can suke zaune. Akwai hukumar taimakon shari'a ga marasa hali, ANAJJ, wadda doka ta kafa a Disamban 2011, amma mutum nawa a Barmu ko Kalfu suka taɓa jin sunanta? Harshen kotu Faransanci ne, harshen mai gona Hausa ko Tamashek ko Fulatanci, tsakaninsu kuma tafinta ne.

Wata ƙofa kuma ta rufe. Mutanen wannan jiha ba za su manta ba cewa wata mace daga yankin Ƙonni, Hadijatou Mani, ta kai Nijar ƙara kotun ECOWAS kan bauta, kuma ranar 27 ga Oktoban 2008 kotun ta ba ta gaskiya ta umarci a biya ta sefa miliyan 10. Iyalan masu lambuna na kwarin Guntu Yena a Yamai, da aka ba wani kamfanin otal filinsu, su ma sun je wannan kotu, amma a 2020 ba su yi nasara ba. Ko an ci ko an faɗi, akwai wurin zuwa. Tun da ficewar Nijar daga ECOWAS ta tabbata ranar 29 ga Janairun 2025, zuwa wannan kotu ya ƙare. Ba ina jayayya da ficewar ba ne a nan. Ina cewa ta ƙara wa alƙalanmu nauyi. Haka ma tun da aka rusa zaɓaɓɓun majalisun ƙananan hukumomi a Afrilun 2024 aka naɗa kantomomi, kansilan unguwa da mutum zai tare a masallaci ya kai masa kuka babu shi.

Yanzu ga wanda abin ya fi shafa, wato kai ɗan bida da ke karanta wannan a Abijan, Tarabulus, Tamanraset, Legas ko Yawunde. Kuɗinka ne ke sayen filaye a gefen Tahoua, ta wajen Kolloma da Funkoye da sabbin unguwannin da ke tsirowa kowace shekara. Kai ne kuma ba ka nan ranar da mai bincike ya zo. Sanarwa tana fita a jaridar gwamnati da Faransanci, a liƙa ta a bangon ma'aikatar magajin gari, wataƙila a faɗa a rediyo sau biyu. Wa'adi ya fara tafiya kana can kana ciniki. Takardar da ke hannunka kuma sau da yawa 'yar rubutun saye ce da shaidu biyu, ko ma babu komai sai amana. Wasu filayen an sayar da su ga mutum biyu, wasu an yanka su a kan wurin da taswirar gari ta riga ta ware wa titi. Dokar 1961 an rubuta ta ne ana zaton mai fili yana zaune kusa da filinsa. A Ader, rabin shekara mazan gida da yawa ba sa nan.

Adalci ne in saurari ɗaya ɓangaren, domin suna da hujja. Injiniya zai ce idan aka tsaya sai kowa ya gamsu, ba za a taɓa gina hanya ba. Jami'i zai ce da zarar an ji labarin layin hanya, sai ka wayi gari an dasa 'yan itatuwa an kafa bukkoki cikin dare don a ci diyya, kuma sau da yawa masu yin haka su ne masu jin labari tun kafin talaka ya ji. Zai ce wasu masu kukan sun yi gini ne a kan titin da aka shata tun kafin a haife su. Duk wannan yana faruwa. Wanda ya kafa shago a kan titin jama'a daban yake da wanda titi ya tarar a gonar kakansa, kuma bai kamata a bar na farko ya ɓuya a bayan na biyu ba. Sai dai maganin waɗannan matsaloli yana cikin dokar da ake tsallakewa. Ƙidaya da wuri, da ranar rufe rajista da aka sanar wa kowa, su ke kashe kasuwar masu dashen dare. Jinkirin biya ba ya hukunta su, domin su masu dogon hannu ne, suna iya jira kuma sun san ƙofar da za su ƙwanƙwasa. Tsohuwar da ba ta da kowa a birni ita ke shan wuyar.

Batun cewa biya kafin aiki yana jawo jinkiri, lissafin bai cika ba. Diyya ƙaramin kaso ce idan aka gwada ta da kuɗin kwalta da gadoji. Hukumar da ta iya samo kuɗin ɗan kwangila tana iya samo na mai gona, in dai an ɗauke shi a matsayin ɓangare na aikin tun farko. Idan Bankin Duniya ne ya ba da kuɗin aiki, ƙa'idarsa ta tilasta a rubuta shirin sake tsugunar da mutane, a biya kafin a karɓi fili, a kuma buɗe ofishin karɓar ƙorafi. Jami'anmu ne ke aiwatar da wannan, ke nan sun iya. A wannan lokaci da ake maganar 'yancin kai da dogaro da aljihunmu, abin kunya ne a ce sai baƙo ya sa ido za mu biya dattijon Keita kuɗin gawonsa. Ƙasar da ta ce ta tsaya da ƙafarta, ita ya kamata ta fi kowa kiyaye dokar da ta rubuta da hannunta.

Malaman tarihi sun ruwaito cewa lokacin da Sayyidina Umar ya so faɗaɗa masallacin Madina, gidan Abbas, baffan Manzon Allah (SAW), yana kan wurin, Abbas kuwa ya ƙi sayarwa. Halifa bai aika a rushe ba. Sun kai maganar gaban Ubayyu ɗan Ka'abu, hukunci ya ba Abbas gaskiya, daga nan ne shi da kansa ya ba da gidan sadaka ga Musulmi. An saurari mai gida gidansa na tsaye. Mutanenmu ma haka suke. Ƙauyuka nawa ne a Ader suka ba da filin makaranta da na asibiti kyauta don an zo an tambaye su da mutunci?

Abin da nake roƙon hukuma bai fi ƙarfinta ba. Kada a ba ɗan kwangila izinin fara aiki a wani yanki na hanya sai an nuna shaidar cewa an biya mutanen wannan yanki, ko an ajiye kuɗinsu a asusun da ba a taɓawa idan akwai rigimar gado. A riƙa ɗaukar hoton kowace gona da kowane gini da itatuwa, da awo da sa hannun mai shi ko wakilinsa da na maigari, a ba shi kofi ya riƙe. Wayar hannu ta wadatar da wannan. A karanta jerin sunaye a bainar jama'a ranar kasuwa, da harshen da mutane ke ji, a maimaita a gidajen rediyon al'umma, a kuma tura wa ƙungiyoyin 'yan Ader da ke ƙasashen waje, domin kusan kowane gari yana da tasa kuma suna da shugabanni sanannu. A yi binciken a lokacin da mutane ke gida, tsakanin shuka da girbi. Kotuna kuma su ware wa irin waɗannan ƙararraki layi na gaggawa, alƙali ya taka ya ga wurin kafin a share shi. A arewa, inda hanya ke ratsa burtali da makiyaya da rijiyoyi, a tuna cewa dokar kiwo ta 20 ga Mayun 2010 ta amince da haƙƙin makiyaya, ko da ba su da gona da za a auna.

Sarakunanmu da masu gari, ku ne matakin farko na shari'ar fili, kuma takardar da kuka sa wa hannu ita alƙalin Yamai zai karanta bayan shekaru. Idan masu ƙidaya sun zo mai gona ba ya nan, ku ce ba ya nan, ku faɗi sunansa. Kalma ɗaya daga bakin maigari a ranar da aka kafa turaku da ta hutar da ɗan kawuna shekarun da ya yi yana sintiri.

Mu kuma matasa da 'yan bida, ba a fafe gora ranar tafiya. Dokar 1993 ta kafa kwamitocin filaye da ake kira Kofo, tun daga ƙauye har gunduma, kuma suna ba da takardar shaidar riƙon gado, da ta saye, da ta kyauta, da ta aro, da ta jingina. Kuɗinsu bai kai na sabuwar waya ba. Idan ka zo gida a wannan karo, ka zauna da iyaye da baffanni da gwaggwanni tun ana dariya, a rubuta wace gona ce ta wa, wacce ce aro, ina rabon mata. Idan fili ne a birni, kafin ka tura kuɗi ka sa a duba taswirar unguwar a ma'aikatar magajin gari, a tabbatar ba a kan titi yake ba, sannan ka bi sawun takardar har ta zama babbar takardar mallaka mai rajista. Tun 2006 aka fito da sauƙaƙaƙƙiyar hanyar samun ta da ake kira Sheda. Ka bar wakili da rubutacciyar wakilci mai hatimi, ka ajiye hoton takardunka a waya. Ranar da aka ce maka an ga jan fenti, kada ka ce sai bayan Sallah. Ka sa wakilinka ya je ya rubuta sunanka a rajistar mai bincike a wannan makon, ya karɓi shaida, kuma kada ya sa hannu a kan abin da ba a fassara masa ba.

Ɗan kawuna ya koma Abijan da bashi, yana sake haɗa jari. Shari'arsu da baffansa tana nan, su biyun ba sa gaisawa, alhali tsohon ma bai ga kuɗin ba. Da na tambaye shi ko yana jin haushin hanyar, sai ya ce a'a, a kanta aka kai mahaifiyarsu asibiti cikin dare ta samu lafiya. Abin da ke ci masa rai shi ne ba wanda ya kira shi kafin a tuge gawon mahaifinsa, ga shi kuwa lambar wayarsa tana hannun kowa a ƙauyen.